Mutumin da Ya Ɓoye Gonakin Garinsu

Duk garin babu mai kiransa da sunan yanka. Mai Iyaka ake ce masa, yara da manya, har jikokinsa. Gajere ne, mai faɗin tafin ƙafa, kuma tun yana saurayi yake tafiya kai a sunkuye, kamar wanda allurarsa ta faɗi bara kuma har yau bai haƙura ba. Matarsa takan ce ko ranar da ya zo neman aurenta ƙafafunta kawai ya gani, sai bayan shekara biyu ya ɗaga kai ya tarar ashe ba laifi.

Aikin gado ne, daga kaka zuwa uba zuwa gare shi, ba albashi, ba kujera. Idan mutum biyu suka shaƙe wuyan juna a kan taku ɗaya na gona, sai a ce a kira Mai Iyaka. Zai zo da 'yar sandarsa, ya bari su gama zage-zagensu tas, sannan ya taka daga gindin tsamiya ya nufi wani tsohon suri yana ƙirgawa a zuci. Ya tsaya. Ya ce, "Tona nan." A tona kamu ɗaya, sai fartanya ta yi ƙara. Ɓarin dutsen niƙa ne. Kakanni sun binne irinsa a kowace kusurwar gona, don sun san itace na mutuwa, gara ma takan yi ƙaura. Daga nan rigima ta ƙare. Wanda ya ci iyakar maƙwabci ya sosa ƙeya ya ce ai ruwa ne ya ja ƙasar, kowa ya yarda ruwa ne, a watse.

Ƙasar garin kuwa ba kowa ke iya karanta ta ba. Kowane gida na da wuri uku ko huɗu. Akwai wanda ake nomawa bana, akwai waɗanda aka bari su huta shekara biyar ko bakwai har ƙaya da ciyawa su rufe su, sai ɗan yanki a fadama, bakin rafi, inda mata ke shuka kayan miya da rani. Baƙo ya duba sai ya ga daji. Mai Iyaka ya duba sai ya ga gidan wane, da gidan wane, da rabon marayun da ba su kai riƙe fartanya ba tukuna. Kowane wuri da abin da ake kiransa. Akwai Inda Jaki Ya Ƙi Tashi. Akwai Kwarin Surukai, inda aka ce wani mutum ya yi kiciɓis da surukinsa a siririyar hanya, kowanne ya kauce wa ɗan'uwansa don kunya, har duka biyun suka faɗa rami.

Gadon yana da rabi na biyu, wanda ba a faɗa a fili. Tun zamanin kakansa garin ya lura da abu ɗaya: duk wanda ya zo da takarda da alƙalami yana tambayar "nawa ne", to abin da ya rubuta sai wani ya biyo baya ya gutsuri wani abu a ciki. Saboda haka a takarda babu garin da ya kai nasu tsiya. Mai awaki ashirin yana da uku, ɗaya ma gurguwa. Wanda kuma ke raka mutanen takarda su ga gonaki, Mai Iyaka ne. Yana da riga ta musamman don wannan aiki, yagaggiya a kafaɗa, matarsa na ajiye masa ita a ƙasan akwati. Rigar baƙi suke ce mata. Yakan fita da baƙo da rana tsaka, ya bi da shi ta cikin ƙaya, ya nuna masa 'yan gonakin da ke jikin gari, sauran kuma ya yi musu nuni da sanda ya ce, "Daji ne, ranka ya daɗe. Sai macizai." Da zarar macizai sun shigo magana, awo ya ƙare.

Shekara talatin yana wannan, ko sau ɗaya bai ba garin kunya ba.

Yana da sittin da 'yan kai wasu samari uku suka sauka da farar mota, da wata na'ura mai ƙafa uku da suke leƙawa da ido ɗaya. Mai gari ya ce daga gwamnati suke, sun zo su san gonakin kowa. Kafin la'asar rabin garin ya bi ta zauren Mai Iyaka, kowa da ƙoƙon bararsa.

"Don Allah, yaya, ta bayan rafin nan, ka yi kamar ba ka gan ta ba."

"Baba, mu fa gona ɗaya gare mu, ka ji."

Maƙerin garin ma ya leƙo. Ɗan kawunsa ne, abokin wasansa tun suna yawo ba wando.

"Kai, gajere, in ka nuna tawa sai na ƙera maka linzami."

"Taka ai ko na nuna ba wanda zai yarda gona ce. Kai da noma sai gaisuwa daga nesa."

Kwana uku ya yi yana yawo da masu awon. Babban cikinsu mai ladabi ne, mai gilashi, har ƙasa yake gaishe shi. Kuma, a faɗi gaskiya, ya yi ta tambaya.

"Baba, nan fa? Kamar ina ganin tsoffin kunyoyi a ƙarƙashin ciyawar."

"Ruwa ne ya yi haka, ɗana."

"Fadamar can da na ga shuka?"

"Mata ne ke ɗan taɓawa don kada su zauna haka. Ba ta kowa ba ce."

"Baba, ka tabbata? Abin da ka faɗa shi zan rubuta. In da masu wurin, gara a sa sunayensu."

Mai Iyaka ya yi dariya a cikinsa. Haka dukansu suke faɗa, da zaƙin baki. Ya ɗaga kafaɗar rigar da ta yage.

"Ɗana, dubi rigata. Mutanen da ke da wannan ƙasa duka za su bar dattijonsu a cikin wannan?"

Mai awo ya dubi rigar, tausayi ya kama shi, ya rubuta. Rana ta uku Mai Iyaka ya dangwala babban yatsa a ƙasan takarda, suka shiga mota suka tafi. Gonar ubansa ma bai nuna ba. Sati guda ana zuwa yi masa barka. Mai gari ya ce ya fi ubansa iyawa. Maƙeri, duk rowarsa, ya ƙera masa sabon ƙarfe a gindin sanda kyauta.

Damina biyu suka wuce lafiya. Kafin ruwan farko na ta uku katafiloli suka iso, shida a jere, da wani mutum mai hular kwano riƙe da takarda mai hatimi. Gwamnati ta ba wani kamfani duk ƙasar da ba ta da mai ita, ya shuka rake. Mai gari ya ce ai ƙasar nan kaf da masu ita. Mutumin bai yi musu ba, shafin ƙarshe kawai ya buɗe ya nuna. Mai Iyaka bai yi boko ba, amma ya san yatsansa. Akwai tabon lauje a tsakiya, ga shi nan ya fito raɗau, shuɗi.

Abin da kakanni suka yi shekaru aru-aru suna jerawa, wata biyu ya isa a kwashe shi. Tsamiya ta kwanta, ɓaure ya bi ta, aka baje suri, aka rushe tudu aka cike kwari da shi. Kwarin Surukai ya koma Fili Na Sha Bakwai. Aka ja waya ta zagaye gari da 'yan gonakin da ya nuna, daidai wa daida, ko taku ba a rage musu ba, aka bar ƙofa ɗaya da mai gadi, a buɗe ƙarfe shida, a rufe ƙarfe shida. Sai rake ya tashi. Wanda bai taɓa zama a tsakiyar rake ba ba zai gane ba. Ya ninka mutum tsawo, kore shar, ko'ina iri ɗaya, kuma ba ya barin iska ta wuce. Da, daga ƙofar gida kana hango hadari tun yana nesa, ka sa a kwashe shanya. Yanzu sai dai ka ji ɗigo a ka. Akuyar da ta ratsa waya ba ta dawowa, don haka aka yi ta sayar da awaki, har mai ashirin ya koma mai uku, ɗaya gurguwa, kamar yadda takarda ta daɗe tana faɗa. Tsohuwar da ke haɗa wa jarirai maganin ciki ta daina, ta ce saiwar da take tonowa tana ƙarƙashin rake. Yaran da aka haifa bayan waya kuwa, ka ce musu Inda Jaki Ya Ƙi Tashi, sai su tambaye ka jakin wa.

Babu wanda ya zage shi. Ta ina za a fara? Kowa ya san da ƙafarsa ya je zaure ya roƙa. Sai dai gaisuwar ce ta canza. Ta yi tsawo, ta yi laushi fiye da kima, irin wadda ake yi wa wanda ya daɗe a kwance. Maƙeri kaɗai ya ci gaba da yi masa adalci.

"Ga gwanin ɓoyo nan. Ka ɓoye mana gonaki har mu ma mun kasa gani. To fito da su haka nan mana, baƙin sun tafi."

"Bari in gama nemo hankalinka tukuna, shi ya riga ɓata."

Ranar da Maƙeri bai tsokane shi ba, abinci ba ya wuce masa maƙoshi.

Autansa, magidanci mai 'ya'ya uku, ya ɗauki aikin tuƙa tarakta a kamfanin. Ranar da ya zo faɗa masa, a bakin zaure ya tsaya yana murza hula.

"Baba, gonar da ta rage ba za ta riƙe mu ba."

"Na hana ka ne?"

Ba su ƙara tayar da maganar ba. Da safe ɗa ya fita ta ƙofa da kati rataye a wuya. Uba ya ɗauki sanda ya bi jikin waya ta ciki, taku dubu biyu da ɗari huɗu, ya dawo inda ya fara.

Abu ɗaya ya rage musu a waje, fadama. Ƙasarta na da laushi, katafila ta taɓa nutsewa a ciki har kwana biyu, sai kamfani ya ƙyale ta zuwa wani lokaci, yana barin mata su je da kati. Nan kayan miya suke, nan rijiyar da ba ta ƙafewa take, a tudunta kuma makabartar gari. A shekara ta shida aka wayi gari an kafa turaku masu jan kai daga wannan bakin zuwa wancan. Za a janye ruwan, a shuka rake.

Wannan karon garin da kansa ya nemi takarda. Malamin makaranta ya rubuta kuka, aka kai, aka koma, aka sake kaiwa. Bayan wata tara aka ce kwamiti zai zo ya gani da ido. In an tabbatar fadama na da masu ita tun asali, za a cire turakun. Wanda ya san ta kusurwa-kusurwa kuwa mutum ɗaya ne.

Da safen ranar matarsa ta buɗe akwati ta ɗago riguna biyu.

"Wacce? Ta baƙi ko ta mutane?"

"Ke dai ba kya gajiya."

"Tambaya na yi. Shekara arba'in ina ɗinke maka kaya, wannan kaɗai aka hana ni sa wa allura."

"Ba ni farar."

Ta miƙa masa. Ta tsaya tana naɗe yagaggiyar, ba ta dube shi ba.

"Yankina na fadama na uwata ne. Ka dai sani."

"Taku goma sha takwas daga rijiya."

"To."

A ajin makaranta aka zauna, dattawa a bencin yara, gwiwoyi sun kai ƙirji. Shugabar kwamiti dattijuwa ce mai gilashi a ƙarshen hanci, da ka ga yadda take zama ka san baya na damun ta. Kamfani ya turo lauya, siriri, mai fara'a. Shi ya fara tasowa ya gaishe da Mai Iyaka hannu bibbiyu.

"Baba, an ce duk garin nan babu mai gaskiyarka a kan iyaka."

"Haka suke faɗa."

"An taɓa kama ka da karkata a kan gonar wani?"

"Ko sau ɗaya."

"Gaskiya ne!" in ji jama'a daga baya. Mai Iyaka ya ji kansa ya ɗan fasu, ya gyara wuyan farar riga. Ashe ma abin da sauƙi.

"Madalla. To wannan yatsan, na wa ne?"

Ya duba. Tabon laujen na nan inda ya bar shi.

"Nawa ne."

Lauya ya karanta a hankali, kalma-kalma, kamar mai ba yaro magani. Daji ne. Ruwa ne ya yi haka. Fadama ba ta kowa ba ce.

"To, Baba, mai gaskiya ya faɗa, mu me za mu ƙara?"

"A'a. Wannan daban. Wannan maganar baƙi ce."

"Mece ce maganar baƙi?"

"Wadda ake faɗa wa mai takarda."

"Wato ƙarya."



"Ƙarya ce," in ji Mai Iyaka.

Lauya ya juya ga shugaba ya buɗe hannuwa.

"Ranki ya daɗe, in gaskiya ya faɗa wancan karon, ƙasa ba ta da mai ita. In kuma ƙarya ya yi, to shaidarsu guda ce tak, kuma da bakinsa ya ce in ya ga mai takarda ƙarya yake yi masa. Ga takarda nan a gabanki."

Mai Iyaka ya dubi ƙofa, ya dubi taga. Ya ƙare rayuwarsa yana shiga tsakanin gona da gona, kullum yana samo ɗan siririn wurin da mutum zai sa ƙafa ya wuce. Yau ya duba gaba, ya duba baya, ya ga iyakokin sun haɗe.

Maƙeri ya miƙe daga bencin baya, da ƙyar, don benci ya riƙe shi.

"Ranki ya daɗe, ƙaryar ta gari ce, shi dako kawai ya yi. Duk mu muka aike shi. Ni har ƙarfen sanda na ba shi tukuici, ga shi nan a hannunsa. In kamawa za a yi, a kawo babbar mota."

Aka kwashe da dariya. Shugaba ta buga tebur, amma ita ma bakinta ya motsa. Mai Iyaka ya dubi shugaba.

"Ranki ya daɗe, kada ki yarda da ni. Ki taso mu je a tona. Ƙasa ba ta san mai takarda ba."

Lauya ya ce bai ƙi ba, amma a fara da cikin rake. Tunda Baba ya ce can ma duk gonaki ne, ya nuna ta ubansa. Aka sa shi a motar kwamiti, aka haye wata 'yar gada da kamfani ya yi, aka sauke shi a bakin wani layi. Ya tsaya. Dama rake, hagu rake. Babu tsamiya, babu suri, ƙasar ma a miƙe take kamar an goge ta da dutsen guga. Ya nemi gabas ya samu, ya fara ƙirga taku daga inda yake jin tudu ya taɓa zama. Ya ce a tona. Babu. Ya matsa taku goma, a tona. Babu. Gumi ya jiƙa farar rigar. Mutanen garin suka sunkuyar da kai, kowa ya koma tafiya irin ta Mai Iyaka.

Ma'aikatan kamfani na tsaye gefe suna kallo. Daga cikinsu wata murya ta fito.

"Baba, bar tonon."

Auta ne.

"Babu su. Garmar tarakta ta tono su tun shekarar farko. Suna karya mana haƙoran garma, sai manaja ya sa aka tara su. Da su aka cike gindin gadar can."

Kowa ya waiwaya ya dubi gadar da aka haye yanzu.  Lauya kuwa katin da ke wuyan Auta kawai ya duba, ya daɗe yana duba shi.

A fadama kuwa sai ga Mai Iyaka ya koma ɗan shekara talatin. Ya tuɓe takalmi. Daga rijiya ya fara, yana tafe yana faɗa: nan na wance ne, ta gada wurin uwarta, ita kuma wurin goggonta da ba ta haihu ba. Tona nan. Fartanya ta yi ƙara. Nan na gidan Maƙeri ne, shi ya sa ciyawa ta fi yawa. Tona nan. Ƙara. Dutse goma sha ɗaya aka tono, ko ɗaya bai kuskure da faɗin hannu ba. Mata suka fara guɗa, mai gari ya tsawata musu. Shugaba ta manta da bayanta, tana biye da shi cikin laka tana rubutu, har alƙalaminta ya ƙafe ta ari na lauya.

Da za ta shiga mota ta kira shi gefe.

"Baba, ni dai na gani. Amma ni rahoto kawai zan kai. Can sama takarda biyu za a ajiye musu, duka daga bakinka."

"Wacce suka fi so, 'yata?"

Ta cire gilashi ta goge da gefen mayafi.

"Yawanci wadda aka riga aka buga wa hatimi."

Wata bakwai amsa ta yi a hanya. Malamin makaranta ya karanta a ƙofar mai gari. An yaba wa garin da haɗin kai. Duwatsun sun nuna mutane sun taɓa amfani da wurin, amma dutse bai faɗi sunan kowa ba, sunayen daga bakin mutumin da ya riga ya ce babu su suka fito. Takardar farko na nan daram. Makabarta kaɗai za a kewaye a bar musu, da hanya mai faɗin mutum huɗu da abin da suka ɗauko, a riƙa karɓar makulli wurin mai gadi.

Ba a kori Auta ba. Shi aka ba noman fadama. Ko horo ne ko layi ne ya zo kansa, har yau babu wanda ya sani, shi ma bai tambaya ba. Rana ta biyu da yamma ya shigo gida da wani abu a kafaɗa, ya dire shi a tsakar gida gaban uwarsa. Ɓarin dutsen niƙa ne, laka ba ta gama bushewa a jikinsa ba.

"Inna, taku sha takwas daga rijiya."

Ta dube shi, ta dubi dutsen.

"Kai shi can ka tokare min ƙofar madafa, ta dame ni da rufe kanta."

Sannan ta shiga madafar, ta daɗe tana hura wutar da tuni ta kama.

Har yanzu ana kiran Mai Iyaka. Rigimar ce dai ta ƙanƙance. Mata sun koma shuka barkono a bayan ɗakuna, kuma taƙi ɗaya ya isa a daina gaisawa. Yakan zo da sandarsa, ya bari a gama zage-zage, ya durƙusa ya auna da hannu, ya dasa tsinke. Ba a tona komai. Ana yarda da shi, ba laifi, tunda babu mai takarda a wurin.

Bara wata budurwa ta shigo ta ƙofar waya da jaka da takarda, daga ofishin lafiya, ana so a san mutanen kowane gida don rabon gidan sauro. Hannun garin ya riga ya saba. Kafin ta gama gida biyu kaji sun shige ƙarƙashin gado, wata ta tura akuyarta banɗaki. Da ta iso gidan Mai Iyaka sai ta tarar ya sa farar riga, ya shimfiɗa mata tabarma a tsakar gida.

"Zauna, 'yata. Rubuta. Mutum tara. Kaji goma sha huɗu, da 'yan tsaki shida, ɗaya ba ta da lafiya amma ki sa ta. Akuya biyu. Fartanya uku."

"Baba, mutane kawai ake so."

"Rubuta dai. Tukunya bakwai. Tsintsiya."

Maƙeri, da ya biyo ta don kallo, ya jingina da bango.

"Sa har da shi, yarinya. Tsohon kaya ne, amma namu ne."

"Ki sa Maƙerin ma, jaki ɗaya. Sai dutse."

"Dutse kuma, Baba?"

Ya nuna mata ƙofar madafa.

"Na wannan tsohuwar ne, ta gada wurin uwarta. Taku goma sha takwas daga rijiya."

"Babu gurbin dutse a takardar."

"Sa a gefe."

Yarinyar na da tarbiyya, ta sa a gefe. Sai ya gyara zama, ya juya fuska wajen waya, ya ɗaga sanda ya nuna raken, ya fara daga gabas. Gonar ubansa, daga tsamiya zuwa suri. Ta mai gari a jikinta. Rabon marayu, waɗanda yanzu duk sun yi gemu suna saran rake.

"Baba, takardar ta cika."

"Juya bayanta."

Ta juya. Ta rubuta layi biyu, ta saci kallon agogo. Shida saura kwata, kuma mai gadi ba ya jiran kowa. Ta ba shi haƙuri, ta ce in Allah ya so za ta dawo, ta tura takardar a jaka. Ya ɗauki sanda ya bi ta har bakin ƙofa yana faɗa mata sauran, ko za ta riƙe a ka. Ko Inda Jaki Ya Ƙi Tashi bai kai ba mai gadi ya ja ƙofa.